Ranar da Ɗan'azumi Ya Kashe Tsatsa

Ku daina cewa Ɗan'azumi ya tsani yayansa. Ƙarya ne, kuma masu faɗa ba wanda ya taɓa zama a rumfarsa.

Ɗan'azumi mai rubuta allunan butik ne, wato na shaguna, a Matameye. A aji huɗu ya bar lakwal. Zane kuwa shi ya koya wa kansa, da alƙalamin bik a bayan kaye, littafin rubutun 'yan makaranta. Bara waccan ya fara sa labarin zane a Fesbuk: Garkuwa, jarumin da harsashi ba ya huda shi, da abokin gabarsa Tsatsa, wanda ba ya dukan kowa, sai dai ya zauna ya gaya maka abin da kake ɓoyewa har ka tsani kanka.

Fuskar Tsatsa ce ta gagare shi. Sai yayansa Yasin, mai gyaran moto, wato babur, ya ja benci ya zauna.

"Zana ni. Ga tabo a gira, kyauta."

"Yaya, mugu ne fa."

"To jarumin naka ai dutse ne da riga. Wa zai yi hira da shi?"

Duk Juma'a bayan an sauko suke zama. Yasin ke ƙirƙiro maganganun Tsatsa, yana dariya, hannu duk baƙin mai. Shi ya kawo wadda kuka yi ta tura wa juna, inda Tsatsa ke ce wa Garkuwa: "Kullum ka kama ni sai ka sake ni. Tsoro kake ji ka wayi gari ba ni, a tambaye ka aikin me kake yi a garin nan."

Sai gari ya gane tabon. A tasha aka fara, da wasa: "Tsatsa, duba mini birki." Daga baya wasa ya ƙare. Wani ya janye motonsa, wai ba ya ba mai baƙar zuciya gyara. Gidan su Fadima, wadda Yasin ke nema, suka ce irin wannan magana daga ciki take fitowa. Ku kuma ƙarƙashin kowane zane: a kashe shi, a kashe shi.

Wata Juma'a Yasin ya zo, bai zauna ba.

"Kashe shi, ƙanena. Sunana nake so."

Kwana tara Ɗan'azumi ya yi kan shafi ɗaya. Garkuwa ya shaƙe Tsatsa, kuka yi ta tafi.

Sunan bai dawo ba. Aka koma cewa "marigayi Tsatsa". Yasin ya kwashe kayan aikinsa ya koma Dungu. Ɗan'azumi ya gwada shafi uku da Garkuwa shi kaɗai: ga jarumi tsaye, ƙirji kamar bango, ba abin faɗa a bakinsa. Ya rufe kayen.

Yanzu "Ana sayar da ƙanƙara" yake rubutawa. Bencin na nan, ba ya bari a zauna kansa ran Juma'a.

Ku da kuka rubuta "a kashe shi", sunayenku na nan, ba a goge ba. Ku fito ku yi magana nan ƙasa. Wa ya fara kiran Yasin da sunan nan a tasha?