Albarka Masinja na Ƙofar Ofishin Fasfo

Duk wanda ya taɓa bin hanyar bariki daga Kalgo da sassafe a shekarun nan ya san Albarka, ko da bai san sunansa ba. Shi ne dogon mutumin nan mai jar dara da ke tafe da tulu a kafaɗa kamar ba ma'aikacin Gwamnati ba. Da an sallame sallar asuba yakan biya rijiyar bayan masallaci ya ja ruwa, ya kai shi gindin tsamiyar da ke gaban ofis ya juye a randa, ya koma ya ƙaro. Daga nan ya share inuwar, ya kwashe kashin jakunan jiya, ya shimfiɗa tsofaffin tabarmin da ya roƙo a gidajen unguwarsu. Ko ɗaya cikin waɗannan ba shi aka ɗauke shi ya yi ba. Aikinsa shi ne ya tsaya a ƙofa, ya kira wanda akawu ya ce a kira, ya kori wanda aka ce a kora, in an ba shi wasiƙa ya kai ta inda aka aike shi. Randar ma tasa ce. An sha sa a fasa ta, wai tana tara jama'a a gaban ofis, shi kuma ya sha sayo wata.

Alhali ba randa ce ta tara jama'ar ba, doka ce. Nasara suka ce ba mai ƙetare iyakar ƙasa zuwa Gabas sai da takardar da suke kira fasfo, kuma wani ba ya karɓa wa wani. Dole mutum ya zo da ƙafarsa a dubi fuskarsa, a rubuta tsagarsa da tsayinsa, ya dangwala yatsa. Wannan ba laifi ba ne in da da an zo za a duba mutum a sallame shi. Amma ana buɗe tagar ofis da hantsi, kafin azahar an rufe. Manomi ya taso daga Ceberu, masunci ya bar jirginsa a bakin gulbi, makiyayi ya bar shanunsa a hannun amana, duk su zo su zube a rana, a ce musu su dawo gobe. Gobe ta yi a ce Bature ya fita rangadi. Mun ga limaman da gari guda ke bin su salla sun tuɓe takalma sun durƙusa gaban tagar nan, akawun da bai kai sa'an jikansu ba yana daka musu tsawa don sun kasa faɗin shekarar da aka haife su. Mutanen nan ba sata suka zo yi ba, Ɗakin Allah suke so su gani kafin su mutu.

Albarka ya san zafin tsayuwar rana, domin kafin a ba shi dara ɗan alaro ne, ya yi wa sojan Nasara dakon kaya tun farkon zuwansu ƙasar nan, har yau akwai kanta a tsakar kansa. Watakila shi ya sa bai taɓa iya kallon mai jira kamar itace ba. Yakan zaga cikinsu tun kafin a buɗe taga, ya gaya wa kowa abin da za a tambaye shi, ya kwantar wa tsofaffi hankali cewa tawadar yatsa ba ta hana alwala. Umaru maƙeri na Dangoma ya ce shi da kansa ya taɓa kai masa zabi har gida don a shigar da shi gaban mutane. Albarka ya karɓa ya yi godiya, washegari Umaru ya tarar da zabin nan a tukunya ana raba wa waɗanda guzurinsu ya ƙare, shi kuma aka kira shi a lokacin da ya dace da zuwansa. Umaru ya ce ya yi fushi a ranar, amma da ya dawo daga Makka gidan Albarka ya fara sauka.

Abin da ya fi tsaya wa mutane a rai shi ne maganar Hauwa'u ta Malisa. 'Yarta Rabi ce ta ba da labarin, kuma akwai da yawa a Kalgo da suka gani da idonsu.

Hauwa'u tsohuwa ce, matar wani makiyayi da ake kira Hamidu. Ɗansu Haruna ya tafi Gabas da matarsa shekaru da dama, guzuri ya yanke musu a hanya, suka tsaya aikin auduga a ƙasar Sudan. Sai wasu alhazai da suka dawo suka kawo labari cewa matar Haruna ta rasu, shi ma yana kwance ba a sa rai da shi, ga 'ya'ya ƙanana ba mai duba su, har wasu sun fara maganar raba su gidaje su yi bauta. Hamidu kuwa ɓarin jikinsa ya shanye tun bara, ko juyawa sai an juya shi. Shi ya ce wa matarsa ta bar shi a hannun Rabi, ta bi ayarin da zai tashi kafin ruwa ya sauka, ta ɗauko musu jininsu.

Ta zo ofis, ta yi jiran da kowa ke yi. Da aka kira ta, babban akawu ya ce ba a ba matar aure fasfo sai mijinta ya zo da kansa ya ce ya yarda. Ta ce mijinta ba ya tashi. Ya ce to ita ma ba ta tashi ba ke nan. Ta koma Malisa ta zo da limamin garinsu ya yi shaida, aka ce liman ba miji ba ne. Ta zo da saƙon mai gari, aka ce saƙo ba fuska ba ne. A wannan zuwan ne wani ya raɗa mata cewa in ta bi ta ƙofar baya da ɗan abin goro, miji zai zama ya zo ko bai zo ba. Ba ta da abin bayarwa, abin da ta samu da ta sayar da karsanarta duk ya tafi ga guzuri da jigilar hanya. Madugun ayari kuma ya riga ya aiko cewa ba zai jira kowa ba.

Albarka ya same ta zaune bayan an rufe taga, kowa ya watse, ta rufe fuska da gefen zane. Bai yi mata wa'azin haƙuri ba. Ya tambaye ta ko tsohon yana magana, ta ce bakinsa ya karkace amma ana jin abin da yake faɗa. Ya tambaya ko suna da takarkari, ta ce akwai guda. Ya ce ta zauna gidansa wajen matarsa Jummai, kada ta sake takawa zuwa Malisa.

Allah ya sa a makon aka aike shi da wasiƙa Gwandu. Ya kai wasiƙar, maimakon ya juyo sai ya miƙe Malisa. Ya durƙusa gaban Hamidu ya gaya masa gaskiya, cewa hanyar da nisa, jikinsa kuma ba lalle ya ɗauka ba, zaɓi nasa ne. Tsohon ya ce a ɗora shi. Suka ɗaure shi da rawani a bayan takarkari, Rabi na jan igiya, Albarka na tafe a gefe ya tallafe shi da kafaɗa. Inda hanya ta yi kwazazzabo ya sauke shi ya goya. Rabi ta ce ta ga jini na fita daga faso a dugadugan Albarka, bai ko duba ba. Da suka iso Kalgo tsohon ba ya iya zama kuma, sai aka aro gadon kara, maza huɗu daga cikin masu jira suka kama.

Mutanen gindin tsamiya da suka hango an ɗauko mutum a miƙe sai suka miƙe tsaye, sun zaci gawa ce. Albarka bai tsaya a taga ba. Ya sa aka wuce da gadon ta ƙofar da shi kansa yake tsaro, aka ajiye shi a ƙasa gaban teburin Bature. Akawu ya taso yana faɗa, yana cewa a fitar da wannan ƙazanta, nan ba ɗakin magani ba ne. Albarka ya cire dararsa ya durƙusa, ya yi magana da Bature kai tsaye, abin da masinja ba ya yi sai an tambaye shi.

"Ranka shi daɗe, an ce sai miji ya zo da kainai. To ga shi ya zo. A tambaye shi, don ba ni da tabbacin shina kai gobe."

Baturen yana jin Hausa, ya dubi tsohon, ya dubi akawu, fuskarsa ta yi ja. Ya sunkuya ya tambayi Hamidu ko ya yarda matarsa ta tafi. Tsohon ya daɗe yana kokawa da harshensa, miyau na zuba, Rabi na share masa. Sannan ya ce, "Ni na ce ta tahi. Ɗiyanmu na can." Kafin azahar Hauwa'u ta dangwala yatsa, ta kuma cim ma ayari.

Kada wani ya zaci an gode wa Albarka. Baturen da ya sa hannu a takardar shi ne ya yarda da ƙarar da akawu ya kai, cewa masinja ya makara da dawowa daga aike, ya kuma shigo da mutane ofis ba izini. Aka karɓe darar, aka tura shi yankan ciyawar dawaki damina guda, mutum mai furfura yana sunkuye a fadama tare da 'yan ƙwadago. Wanda ya wahalar da tsohuwa ta yi ta safa da marwa tsakanin Malisa da Kalgo kuwa yana nan kan kujerarsa, ko tambayarsa ba a yi ba. Ba su mayar da Albarka ƙofa don tausayi ba, sai da wanda suka sa a madadinsa ya fara sayar da wurin tsayuwa har aka yi dambe a gaban ofis.

Hamidu ya koma gida da rai, ya rasu cikin daminar nan. Hauwa'u ta iske ɗanta ya riga mu gidan gaskiya, amma ta samu jikokinta, ta karɓo su daga gidajen da aka raba su, ta yi aikin auduga da su har suka ƙetare teku suka yi hajji. Ta dawo Malisa bayan shekaru, jikokin suna nan suna kiwo. In da ta rasa ayarin shekarar, Allah kaɗai ya san inda za a same su.

Kai ne, Albarka, aka ba ka ƙofa don ka tare talakawa, ka mayar da ita wurin da talaka ke samun mai duban fuskarsa. Kai ne ba ka iya rubuta sunanka ba, amma ana kiransa a addu'a daga nan har Arfa. Dogo na Jummai, ba ka taɓa cin guminmu ba.

Bana gwiwa ta gaza, ido ya fara hazo, aka sallame shi. Ba taro, ba ko sannu da aiki. Aka ce ya ajiye dara da rigar aiki a kan benci, ya ajiye. Sai ya ga tunda yanzu ba mai aikensa, bari shi ma ya nemi takardar ya bi hanyar da ya sa ɗaruruwan mutane a kanta. Ya je taga kamar kowa. Sabon akawu, wanda Albarka ne ya nuna masa inda ake ajiye tawada ranar da ya fara aiki, ya tambaye shi garin haihuwarsa da sunan ubansa. Albarka ya ce bai sani ba. An kawo shi Kalgo yana goye zamanin hare-hare, waɗanda suka raine shi kuma duk sun rasu. Akawu ya ce to sai ya kawo dattijon da ya san asalinsa, ya zo da kansa ya yi shaida. Albarka ya ce, "Malam, ni na, Albarka." Aka ce an sani, amma doka ce, aka ja taga.

Yana nan har yau cikin masu jira, kansa ba dara. Jummai ta ce bai taɓa kai kuka wurin kowa ba, in ta yi magana sai ya ce akwai waɗanda suka riga shi zuwa. Shi ya iya wannan haƙurin, mu bai kamata mu iya ba. Mutumin da Gwamnati ta yarda da shi ya ɗauki wasiƙunta cikin daji shi kaɗai tsawon ƙuruciyarsa, yau ita ce ke cewa ba ta san ko shi wane ne ba. Wannan abin kunya ne, kuma kunyar za ta hau kanmu in muka yi shiru.

Albarka, mun gode. Allah ya saka maka da abin da mu ba mu iya biya, ya kai goshinka ƙasar Makka da ranka da lafiyarka. Ku kuma da aka ba ku tsaron wata ƙofa, komai ƙanƙantarta, ku dubi yadda wannan bawan Allah ya riƙe tasa, ku yi koyi. Sauran magana taku ce, alhazan Gwandu da Kalgo, da na Dangoma da Ceberu da Malisa, duk wanda ya bi ta hannunsa. Ayari zai tashi kafin ruwa ya sauka. Ku zo ofishin nan da ƙafarku, ku cika gaban tagar, ku gaya musu kun san shi, kun kuma san asalinsa: mutumin Kalgo ne, ɗan'uwanmu ne, kuma ba za ku tashi ba sai an ba shi takardarsa.