Hankicin da Na Yi Maka Alkawari, Dakta Midhat

Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Ranar Talata, sha ɗaya ga watan Rajab, da hantsi, na baje wake a faranti ina jiranka a bakin taga kamar kullum, sai waya ta yi ƙara. Aka ce Dakta Midhat Sarhan, likitan motsa gaɓɓai, ya faɗi a matattakalar benen wani majinyacinsa a nan Dumyat. Zuciya ce ta tsaya, kafin a kai asibiti rai ya yi halinsa. Shekarunka hamsin da huɗu. Ni da na girme ka da shekara goma, ni da aka gama yi wa kuka bara, yau ni ne nake rubuta ta'aziyyarka.

Wata takwas ke nan da hawan jini ya kayar da ni a shago, ɓarin jikina na dama ya shanye. Shekara arba'in ina sassaƙa furanni a kawunan gadajen amare, har ake ce mini Usta, wato gwanin sana'a, sai ga hannun nan yashe a cinyata kamar tsumma. Iyalina suka yi abin da kowane gidan mutunci zai yi. Matata Ihsan tana ba ni abinci a baki, ƙanena Fathi yana ɗaga ni yana ajiyewa, falo kullum maƙil da 'yan dubiya. Da na ɗan yunƙura sai a yi caa: "Haba Usta Wagdi, muna tsaye za ka ɗauki kofi da kanka?" A wurinmu abin kunya ne babba ya miƙa hannu alhali na ƙasa da shi suna kallo. Wata biyu ana yi mini wannan gata, hannun yana ƙara ƙandarewa.

Ranar da ka fara zuwa, ka sallami 'yan dubiya, ka karɓe cokali daga hannun Ihsan.

"Hajiya," ka ce, "ciwo ya ci rabinsa, ke kuma da tausayinki kina shirin cinye sauran rabin."

Ta shige kicin tana kuka, ta rantse ba za ka sha shayinta ba. Kai kuwa ka bi ta har can, ka ari safar da take sauke tukunya da ita, ka cusa hannuna na hagu a ciki, mai lafiyar, ka ɗaure. Ka ce wannan ya tafi hutu, malalacin ne zai yi aiki.

Da tawul muka fara, ina tura shi a kan tebur gaba da baya. Daga nan yatsu suka koyi hawa bango, kana jan layi da fensir inda suka tsaya. Sai wake, ƙwaya ɗaya-ɗaya daga faranti zuwa kofi. Ƙwayar farko ta ci mini mako uku. Ni mutum ne mai zafin rai, ba na ɓoyewa. Na watsar da faranti ya fi sau goma, na kira ka azzalumi, na kira ka jikan Fir'auna. Ka durƙusa kana tsince waken kana cewa, "Duk mu jikokinsa ne, Usta. Sake ɗauka." Ban taɓa ba ka haƙuri ba, kuma wannan yana ci mini rai.

Kai kaɗai na gaya wa abin da yake hana ni sukuni. An sa ranar ɗaurin auren 'yata Rihab, ita ke nan mini. Kowa ya san yadda ake yi: uban amarya ya sa hannunsa na dama cikin na ango, a lulluɓe su da farin hankici, mai ɗaura aure yana faɗa suna maimaitawa. Fathi, don ya rufa mini asiri, ya ce in wakilta shi, ni in zauna a gefe. Na amsa da baki. Amma da na ba ka labari, hawaye ya ci amanata. Ba ka lallashe ni ba. Ka ce, "Kai za ka ba da 'yarka. Sharaɗi ɗaya: samari za su yi wawar hankicin don neman albarkar aure, to nawa ne. Kada ka bari ya kuɓuce."

Sannu ba ta hana zuwa. Na tashi da sanda, yatsu suka fara damƙa, Ihsan ta warware rantsuwarta har da ƙarin kunafa, wani abin zaƙi namu, a gefen shayi. Amma abu ɗaya ya ƙi. Da an cire safar, na hagu ne yake rigan zuwa ko'ina, na dama sai na tuna da shi. Ka ce jiki ya saba da mantawa da shi. "Ranar da ya tafi aiki ba ka aike shi ba, ranar na sallame ka."

Sai a zaman makoki mai ɗakinka, Hajiya Suhair, ta gaya mana cewa shekara biyu ke nan da likitoci suka hana ka hawan bene. Mu kuwa a hawa na huɗu muke. Sau uku a mako kana hawowa, ka shigo kana haki, ka nemi ruwa kafin ka ce komai. Ni kuma in yi maka tsiya, in ce likitan motsa jiki ne da tumbi. Kana dariya. Wallahi da na sani, da an sauko da ni a kujera na same ka a ƙasa.

An yi maka salla bayan la'asar. Fathi ya ce in tsaya a masallaci, na ƙi. Na bi jama'a ina jan ƙafa, mutane suna karɓa-karɓar makara, guragu da masu sanduna irina sun fi a ƙirga. Da makarar ta zo daidai da ni, hannuna na hagu yana riƙe da sanda. Na yi taku bakwai ko takwas kafin in lura da hannun da ya ɗaga ya kama katakon. Ban aike shi ba, Dakta. Na juya in nuna maka, sannan na tuna wa muke ɗauke da shi.

Mun so ɗage auren, Hajiya Suhair ta aiko cewa in muka ɗage ba ta yafe ba. Jiya Alhamis, kwana tara da rasuwarka, aka ɗaura. Na sa hannuna cikin na Tamir, angon, aka rufa hankici. Muna tsakiyar maimaitawa ya sunkuyo ya raɗa mini, "Baba, a hankali, za ka karya ni." Da aka shafa fatiha samari suka kawo wawa. Uku suka ja, ba su samu ba.

Allah Ya jiƙanka, Ya gafarta maka, Ya yalwata kabarinka. Kowace matattakala da ka hau don wani bawa ya tashi, Allah Ya mayar maka da ita daraja a Aljanna. Ina miƙa ta'aziyyata ga Hajiya Suhair, da 'ya'yanku Yasir da Duha, da duk majinyatan da ka bari a tsakiyar hanya. Gare su nake cewa: kada ku ajiye waken. Allah Ya ba mu haƙuri, Ya kyautata namu ƙarshen.

Yau da safe na hau benenku, hawa biyu, ba wanda ya riƙe ni. Na kai wa Hajiya Suhair hankicin. Da na dama na miƙa.