Bangon mai fentin tipa

A shekarata ta biyu a Abuja aka ɗora min aikin da kowa a ofis ya guje wa. Ofishinmu na tsara birni ne, kuma an fito da sabuwar doka: kafin a gyara unguwa, wato kafin katafila ta shiga, sai an rubuta wuraren fasaha da al'adun da ke cikinta domin a bar su. Aka miƙo min fom, aka ce yankina wani gefe ne na Mpape. Abokan aiki suka yi ta dariya, wai in na samo fasaha a cikin tsakuwa in taho musu da tsaraba.

Ban yi gardama ba, don ba ni da abin yi. Iyalina suna Zariya, ni kuma ina ɗaki ɗaya ni da fanka. Ranar Asabar in na wanke kayana na goge, shi ke nan, aiki ya ƙare. Akwai ranar da na lura har la'asar bakina bai furta komai ba sai karatun sallah. Garin nan tituna ne masu faɗi, amma ba inda mutum zai tsaya a ce masa sannu.

A hanyar da ke hawa zuwa wurin fasa dutse na ga wata rumfar kwano, da wani dattijo a kan benci yana zana ɗawisu a bayan tipa. Mutumin Yangoji ne, ya bar gona tun yana saurayi. Duk tipar da ka gani a yankin da zaki ko mikiya ko furanni a ƙeyarta, hannunsa ne. Na yi sallama, na ce aikin gwamnati ya kawo ni. Bai ko juyo ba, ya ce, "To ɗan ofis, riƙe min gwangwanin nan." Na riƙe har ya gama jelar ɗawisun.

Daga nan kowace Asabar ina can. Fom dai dalili ne kawai, gaskiyar magana wurin zama na samu. Ina kiransa Baba, shi kuma bai taɓa tambayar sunana ba. Yana tsokanata wai hannuna laushi kamar burodi, ni kuma ina ce masa zakinsa ya fi kama da muzurun da ya ƙoshi. Wallahi duk mako ranar nake jira.

Matsalar ita ce rumfar tana kan layin sabon titi. In ba ta shiga jerin da nake rubutawa ba, rusau zai cinye ta. Fom kuwa yana tambaya: ina ake baje ayyukan? Da na karanta masa sai ya ce, "Je ka tsaya bakin titi, za su wuce." Aikinsa duk a kan taya yake. Abu ɗaya ne ba ya motsi, bangon kwanon da ke bayansa. Shekara da shekaru a nan yake gwada launi, yana goge buroshi, yana gwajin idon zaki kafin ya sa a mota. Fenti ya hau kan fenti har ya yi kauri. Ga rabin fuffuke, ga idanu birjik, ga tafin hannunsa. Na ɗauki hoto.

Daraktarmu mace ce da ta karanci zane, ba ta da wasa. Ta karɓi wayata ta daɗe tana kallo, sannan ta ce, "Wannan a Mpape yake? Zan zo da kaina ranar Talata. In haka yake, titi zai kauce masa."

Na garzaya na gaya wa Baba manya za su zo ganin aikinsa. Ban ce bangon za su gani ba. Kunya ce ta hana ni. Ta yaya zan dubi mutumin da ke alfahari da ɗawisunsa in ce masa abin da ya burge manya shi ne inda yake goge buroshi? Na ce a raina in sun zo ya ji daga bakinsu.

Ranar Talata muka sauka daga mota. Rumfa fes! An share, an yayyafa ruwa, an jera duwatsu a bakin hanya an shafa musu fari, kamar yadda ake yi wa bakin titi in babban baƙo zai wuce. Baba yana tsaye cikin kayansa na zuwa coci. Ko tipa ɗaya babu, ya sallame su kada su ɓata wuri. Bango kuwa fari tas.

"Baba, ina bangon?" in ji darakta.

"Ga shi, ranki ya daɗe. Na cire masa datti."

Ba shafawa kawai ya yi ba. Shi gwani ne, ba ya ɗora sabon fenti a kan tsoho. Kwana uku ya yi yana kankarewa har ya kai ga kwano, sannan ya yi shafe biyu. Yana faɗa yana nuna mana kantar hannunsa.

Darakta ta gode masa, har ta sha ruwan da ya kawo. A mota ta ce min ba za ta iya tsayawa gaban kwamiti ta kare farar rumfar kwano da hoton abin da babu shi ba. Ba ta yi min faɗa ba, kuma na so a ce ta yi. Haushin kaina ya hana ni cin abinci ranar.

Asabar biyu ban je ba. A ta uku na daure na hau. Tun daga nesa na hango jan gicciyen da masu rusau ke yi wa ginin da za su rushe, a tsakiyar farin bangon, an yaɓa shi a karkace, fentin ya zuba har ƙasa. Baba yana tsaye yana kallonsa. Na gaya masa komai, har da kunyar da ta rufe min baki. Ya saurara har na gama.

"Kai ɗan ofis, da ka faɗa ai da ka hutar da hannuna," ya ce.

Ya shiga ciki ya fito da jan fenti da buroshi. Na tambaye shi me zai yi.

"Dubi yadda suka yi shi. Kowa ya san nan wurin mai fenti ne. Kada a wuce a ce aikina ne."

Ya miƙo min gwangwanin. Na riƙe masa, ya daidaita gicciyen, layi biyu miƙaƙƙu, ya bi da fari ya share inda ya zuba.