Littafin da Mushe Habu Ya Ɗinke Wa Baki

Bana shekara bakwai ke nan da Allah ya karɓi ran Mushe Habu, taubashina, wanda ya riƙe wani ƙaramin ɗakin karatu a Magariya bayan ya bar koyarwa. Kowa zai ce muku mutumin kirki ne. Ba na musu, amma ina da ƙara a kansa, kuma tunda bai tsaya ya amsa ba, gabanku na kawo ta. Ya tafi ya bar ni da ɗinkakken littafi. Shekara bakwai ban san wanda ya kashe wani attajiri a cikin kantinsa a labarin ba. Ga shi kuma likita ya ce yanar ido ta fara rufe mini gani, in ina da abin karantawa in hanzarta.

Bari in fara da kaina, don ku san irin mai shaidar da kuke saurara. Lakwal ɗina a aji huɗu ta tsaya, shekarar da mahaifina ya ga gona ta fi mushe bukatata. Hausa ina karanta ta da tafiyar jaki mai kaya. Faransanci kuwa da yatsa nake bi, ina gaisawa da kowace kalma har in tambaye ta mutanen gida. A Sassumbrum nake zaune, nakan shigo Magariya ranar kasuwa da ɗan wake ko gyaɗa. Wata rana zafi ya koro ni, na faɗa ɗakin Habu neman inuwa da ruwan randa. Ba neman ilimi ya kai ni ba, kada wani ya yi mini ƙarya bayan raina.

Habu ba ya tambayar mutum wane littafi yake so, don ya ce wanda ya san amsar ba ya bukatar sa. Tambayarsa ɗaya ce: a wurin hira, wane irin labari ne ke hana ka tashi ko an kira ka cin tuwo? Na ce masa ni dai in an sace rago a gari aka fita bin sawu, ko gonata na cin wuta sai na ga ƙarshen maganar. Ya miƙa hannu ya zaro wani siririn littafin Hausa da aka kawo daga Kano, labarin ɗan sanda mai bincike. Na dawo da shi kasuwa mai zuwa, ina jin haushin kaina da na ji daɗinsa.

Haka yake yi wa kowa. Kantocinsa ma ba da jerin baƙaƙe ya shirya su ba. Ga na masu son kuka, ga na masu son tsoro, ga na masu son a kama ɓarawo, ga na masu son a yi yaƙi da takobi. Na san wani jandarma mai murya kamar aradu da Habu ya gano labarin soyayya yake so. Sai ya riƙa naɗe masa a takardar jarida, ya miƙa masa da fuskar mai miƙa littafin doka, kuma har ya rasu bai faɗi sunansa ba. Ni ma ba zan faɗa ba, mutumin yana raye kuma hannunsa da nauyi.

To, ni ina da wani ɗan hali. In na karɓi littafi, ƙarshe nake fara leƙawa in ga mai laifin, sannan in koma farko in karanta da kwanciyar hankali. A ganina wannan dabara ce ta manya. Ran da Habu ya kama ni a bakin ƙofarsa, sai da ya cire tabarau.

"Wato kai ne mai cin nama kafin a tuƙa tuwo?"

"Ni na san darajar lokacina," na ce.

Ya buɗe aljihun tabur ya ɗauko allura da baƙin zare, ya haɗa ganye biyar na ƙarshe ya ɗinke bakinsu, ɗinki biyu, ina kallo. Mai kula da littattafai yana huda littafi! Na ce zan kai shi gaban farfe, mai mulkin gundumarmu. Ya ce in gaishe shi. Daga ranar doka ta kafu: in karanta har inda zare ya tsayar da ni, in zo in faɗi wanda nake zargi, sannan shi ya sa almakashi ya yanke, mu karanta sauran tare.

A nan sunana ya ɓaci. Duk labarin da aka sa direba a ciki, direba nake kamawa. Ina da dalili: wani direban taksi ya taɓa sauke ni da buhuna biyu a hanyar Dungas, ya ce zai juyo, har yau yana juyowa. Shekara goma sha ina cewa direba ne, ana yanke zare a tarar da kuku, ko magaji, ko matar gida. Habu ya yi dariya har ya riƙe ciki, ya raɗa mini suna Komisar, wato babban ɗan sanda. Ni kuma in tuna masa cewa shi da sartifika da komai bai iya bambanta ƙaiƙayi da dusa ba. Tsakanin taubasai wannan gaisuwa ce.

Littafi na ƙarshe na faransanci ne, mai kauri, bangonsa ya sha hannu. Da ya miƙo mini, ya riga ya ɗinke shi tun kafin in zo, abin da bai saba ba. Ya ce, "Wannan ka bi shi a hankali, Komisar." Na ga yana danne murmushi, na ɗauka sabon sharri ne yake shirya mini. Kafin in kai rabi aka aiko Sassumbrum cewa ya kwanta. Kwana uku aka yi, ya cika.

Kada ku ce babu almakashi a gidana. Akwai, matata ma ta sha miƙo mini. Na karanta littafin nan har bakin zare ban san sau nawa ba, na san kantin attajirin fiye da rumbuna. Amma duk sanda na taɓa ƙullin, sai in tuna yatsunsa ne suka ɗaure shi. Muddin zaren yana nan, ina da sauran alkawari da Habu ranar kasuwa. In na yanke, shi ke nan, an tashi daga hira.

Yanzu ɗiyarsa Rabi ke riƙe da ɗakin. Zamani ya juya, samari da 'yan mata a cikin waya suke karanta labaransu, babi-babi, ana turo musu. Nakan tambayi kaina me Habu zai ce. Ina jin ba zai yi faɗa ba. Zai ce wayar ta san abin da ka karanta jiya, amma ba ta ga fuskarka lokacin da ka shigo ba. Sannan zai yi murna da abu ɗaya: labarin da ba a gama rubutawa ba, ko Komisar ba ya iya leƙa ƙarshensa. Ita Rabi har yau tambayar ubanta take yi wa duk wanda ya shigo, kuma kantocin suna nan yadda ya bar su.

Bayan maganar likita na kwana biyu ina juya abin. Ran kasuwar da ta wuce na hau moto, littafin a aljihun riga, na ajiye shi a kan tabur ɗin nan dai. Rabi ta dubi zaren, nan take ta gane ɗinkin.

"Baba Komisar, tara ta shekara bakwai fa ta hau kanka."

"Ki rubuta a kan mahaifinki, shi ya ƙi zuwa aiki."

Ta ɗauko almakashinsa. "To, doka dai doka ce. Wa kake zargi?"

Na gyara zama. Shekara bakwai ina nazari, na kuma ƙudurta ba zan ƙara bari a yi mini dariya a ɗakin nan ba. Akwai direba a labarin, amma na yi hankali. Na ce, "Ƙanen attajirin ne."

Ta yanke zaren. Sai ga wata 'yar takarda da aka yago daga kaye, littafin rubutun 'yan lakwal, ta faɗo daga tsakanin ganyen, da rubutun jan alƙalamin bik irin na mushe. Idona bai iya ba, na ce ta karanta. Ta ɗaga takardar ta fara:

"Komisar, na san direba za ka ce. Wannan karon ka yi daidai. Na daɗe ina nema maka shi."

Ban san wanda ya fara dariya tsakanina da ita ba, ban kuma san inda dariyar ta koma wani abu ba. Na dai ce mata yanar idon ce ke kawo ruwa, ta ce haka ne, Baba, ita ma tana jin ta kamu.

Habu bai rubuta littafi ba, bai bar gini da sunansa ba. Abin da ya bari shi ne mutane irina, masu rabin lakwal, da ya ɗauki abin da muke so da muhimmanci bai raina shi ba. Ya bi tarin littattafai ɗaya bayan ɗaya, don kawai wani tsoho mai taurin kai ya ci gardama sau ɗaya a rayuwarsa. Ni kuma da ranar ta zo, na yi wayo na faɗi. Allah ya jiƙanka, Habu, ya haskaka makwancinka. Na janye ƙarata. Zaren yana cikin aljihuna, kuma in Allah ya haɗa mu, ka sani tun yanzu: a raina direba na ce.