Rigar Ɗan Gayu a Ɗakin Baje Koli

Ƙanin mijina mai wanki da guga ne, Ɗan Gayu muke ce masa. Tun yana saurayi yake tsaye a bayan wani otal, tsakanin bokitin sitati da igiyar shanya, yana miƙar da rigunan da albashinsa ba zai taɓa saya ba. Gashin kansa ya gudu, haƙora sun bi sahu, amma karin wandonsa har yau sai ya yanke maka yatsa. Ko tsumman goge tebur sai ya ninke shi.

Bana wata yarinya mai zane da ɗaukar bidiyo ta zo wurin aikinsu. Rigunan ma'aikata take tarawa, na 'yan dako da makanikai da masu shara, da guminsu da baƙin mansu. Za ta rataye su a babban ɗaki, ta sa 'yar lasifika a aljihun kowace, a riƙa jin mai rigar yana faɗin yadda wuninsa ke tafiya. Wai so take masu sa fararen kaya su ga jikin da ke shan wahalar farin. Ta naɗi muryarsa, ta roƙi tsohuwar rigar aikinsa mai ƙunar dutsen guga a hannu. Ya ba ta, don bai taɓa iya ce wa mace a'a ba.

Daga nan abinci ya daina shiga. Ashe 'yarsa ta gayyaci surukanta kallo. Mutumin da ke gyara kayan gari, a ga tasa rigar a yamutse a bainar jama'a?

Na ce, "Haba mijina, ai fuskarka ta fi rigar yamutsewa, kuma sun gan ta suka ɗauki 'yarka."

Bai yi dariya ba. Ana gobe buɗewa ya saka dutsen guga a jaka, ya nufi ɗakin baje kolin, ya ce wa mai gadi aiko shi aka yi. Yarinyar ta tarar ya sauke rigar yana laluben soket. Ranta ya ɓaci, ta ce ai yamutsewar ita ce aikin.

"'Yata, ƙunar nan ki bar ta, tawa ce," in ji shi. "Amma yamutsewa ba aikina ba ce."

Sai ta kafa kyamara, ta ce ya ci gaba.

Yanzu rigar na rataye a tsakiyar sauran, a miƙe kamar soja, ƙunarta a fili, ga bidiyon hannuwansa a bango suna kai da komo da dutsen guga. Surukan sun zo, uban mijin 'yar ya sa kunne a aljihun rigar ya saurara har ƙarshe, ya yaba ƙwarai. Ɗan Gayu ya dawo gida ya cinye kwano biyu.

Washegari surukin ya aiko masa da kaya ƙunshi guda, wai tunda gwani na gida. Yana ta mita, yana kaɗa sitati.