Hawayen da Aka Hana Mai Ɗinki

Mijin mai ɗinki gyaran agogo yake yi, amma a layin nan ba wanda ke kiransa sai An Ruwaito, don ko ruwa zai nema da wannan kalmar yake buɗe baki. Yana zuwa karatu wurin wani dattijon malami, ya kwaso rabi, ya dawo gida ya sauke mata a ka. Ita kuwa ba ta musu. Kekenta take takawa a bakin taga, tana cewa to.

Ɗa ɗaya gare su, magini. Ranar da ya faɗo daga saman gini aka kawo shi a naɗe, ta durƙusa za ta fasa kuka, mijin ya damƙe mata hannu har sai da ya yi shaida.

"An ruwaito ana yi wa mamaci azaba saboda kukan danginsa," ya ce. "Duk ɗigon da ya faɗo, shi kike ƙonawa. Ki zaɓa."

Wace uwa ce za ta zaɓa? Ta haɗiye. Mata suka cika ɗakin suna kallon busassun idanunta, wata har ta ce a bayanta wannan zuciya ai dutse ce. Shekaru ta yi haka. In ta ji abin ya taso, sai ta ciji leɓe ta ƙara wa keken gudu, tana ba yaron haƙuri a ranta.

Da tsufa ya kwantar da mijin, malamin ya zo dubiya. Tana bayan labule da kofin magani ta ji yana cewa, "Ka dai gaya wa iyalinka abin da na faɗa maka tun makon rasuwar ɗanku? Matar Annabi, tsira da aminci su tabbata a gare shi, ta yi gyara a ruwayar. Malamai da yawa sun ce kururuwa ake nufi, ba hawaye ba. Annabi kansa ya zubar da hawaye a kan ɗansa."

"Allah gafarta malam, ban faɗa ba," in ji mijin, ko kunya babu. "Mace in ka buɗe mata ƙofa kaɗan, ba ta san iyaka ba. Kuma na riga na yi magana a gaban mutane."

Ta ajiye kofin a ƙasa. Ta shiga ɗaki ta buɗe akwati, ta ciro rigar aikin yaron, wadda siminti ya bushe a wuyanta. Ta zauna ta rungume ta, ta kira shi da sunan da take kiransa yana ƙarami, ta jira. Amma ko ɗigon hawaye bai zo ba.

Daga can mijin ya ɗaga murya yana tambayar ina maganinsa.