Wasan Fulani da Barebari Ya Kusa Raba Ni da Aikina

Assalamu alaikum Edita. Lokacin da abin nan ya faru, ni nas ce a wani asibiti a Landan, ina zaune a unguwar Abbey Wood da 'ya'yana biyu tun rasuwar mahaifinsu, kuma takardar zamana a ƙasar da wannan aikin take rataye. Bafulatana ce ni gaba da baya, sai dai kunyar da aka san mu da ita ba ta biyo ta kaina ba, bakina ba ya shiru ko a layin bas. Aminiyata kuwa Babarbariya ce, tare muka zo karatu. Kowa ya san wasan da ke tsakanin Fulani da Barebari, kowanne na cewa ɗayan bawansa ne. Mu da shi muke gaisawa, da shi muke sallama.

Wata Asabar muna cefane a kasuwar Woolwich sai ga wani dattijon Bature, dogo, sanye da jar kwat, mai kyamara na biye da shi. Ya gaishe mu cikin ladabi, ya ce daga ƙasar Finland yake, yana wani shirin talabijin ne da yake zaga garuruwa yana tambayar mutane abin da ke ba su dariya. Na ce a raina yau ka zo wurin 'yan gari. Na jibga wa aminiyata ledojina a kan nata, na nuna ta, na ce masa da Turanci wannan baiwata ce, gadonta na yi, shi ya sa take ɗaukar mini kaya. Ita ma ba ta raga mini ba, ta ce ƙarya nake yi, kakanta ne ya sayi kakana, kuma har ya rasu yana cewa an cuce shi a cinikin. Dattijon ya yi dariya har da hawaye. Daga nan na tsaya na yi masa bayani tiryan-tiryan, cewa wasa ne na kaka da kakanni, kuma wanda kake yi da shi ba ka faɗa da shi. Muka yi sallama, na manta da zancen.

Bayan wasu watanni, ina cikin raba magani shugabarmu ta kira ni ofis, ta miƙo mini wayarta. Sai ga ni a kasuwa ina cewa baiwata ce, ga aminiyata niƙi-niƙi da kaya. Amsarta babu, bayanina babu, duk an yanke. Wani ya ɗauko guntun ya watsa a intanet, ya rubuta cewa ga wata nas a Landan tana alfahari da mallakar baiwa. A ranar aka dakatar da ni daga aiki, aka ce kwamiti zai zauna a kaina, kuma na san in aikin ya tafi, zamanmu ya ƙare, yara su bar makaranta tsakiyar zango. Har 'yan sanda suka je gidan aminiyata, suka keɓe ta suna tambaya ko ni nake riƙe da fasfonta. Ta ce mini ta fashe da dariya, sai ta ga su ba sa yi.

Na ji tsoro, ba zan ɓoye ba, amma ni ba mai zama ta rafka tagumi ba ce. Gidan talabijin ɗin suka yi banza da ni, sai na nemo shafin dattijon na aika masa magana mai zafi, na ce dariyarsa za ta kori marayu biyu daga makaranta. Bai amsa ba. Ranar zaman kwamiti kawai na gan shi a baranda, babu jar kwat, ya tsufa fiye da yadda na san shi.

Muna jiran a kira mu ya ba ni labarinsa. Ya ce yana saurayi ya fara, yana sa kayan dabba a shirin yara, gumi na cinsa a ciki. Daga baya ya samu nasa shirin na daren Asabar, wanda gida guda kan taru a kalla lokacin hunturun da rana ba ta daɗewa a sama. Ya ce an yi zamanin da ba ya iya shiga kanti don masu son gaisawa. Da tsufa ya zo aka ajiye shi gefe, wayarsa ta daina ƙara. Wannan shirin ne damarsa ta ƙarshe, kuma an gaya masa in bai ja hankalin jama'a ba, za a rufe shi. Ya ce yana zaune aka yanke bayanina, ya san bai dace ba, ya yi shiru. Wallahi na so in zage shi, sai tausayinsa ya kama ni.

Ya shiga ya kunna wa kwamiti cikakken bidiyon, alhali yarjejeniyarsa da gidan talabijin ta hana. Aminiyata ta ba da shaida, ranar kaɗai na taɓa jin ta yabe ni. Aka wanke ni tas, na koma aiki. Shi kuwa an rufe shirinsa, na ji yanzu gidajen tsofaffi yake bi yana ba su dariya.

Ban ga laifin al'adarmu ba, kuma ba zan ba kowa haƙuri a kanta ba. Abin da na koya shi ne wasan nan na masu shi ne, waɗanda suka san tushensa. 'Yan'uwa mazauna ƙasashen waje, in kun ga kyamara ku kama bakinku, don wanda zai yanka maganarku shi ma tuwonsa yake karewa, kuma ba kowa ne zai hau jirgi ya zo ya gyara ɓarnarsa ba. Cikakken bidiyon nan, mu da ke ɗakin ne kawai muka gan shi. Guntun kuwa har yau yana yawo. A watan jiya wata tsohuwa da nake shirin yi wa allura ta ƙura mini ido, ta janye hannunta, ta ce a kira mata wata nas.